Gidan Cragside na Ingila da Soron Madugu na Garinmu

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kai da abokan aikinka kuna cikin ƙoshin lafiya, ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida domin in yi magana a kan wasu gidaje biyu waɗanda kusan sa'o'in juna ne a shekaru. Ɗaya yana can arewacin Ingila, ɗayan kuma yana nan garinmu a ƙasar Garko, taku kaɗan daga ƙofar gidana. Na farkon yana tsaye har gobe, mutane suna biyan kuɗi su shiga kallonsa, na biyun kuwa ba na jin zai ga damina uku nan gaba idan aka ci gaba da zuba masa ido.

Abin da ya jawo wannan wasiƙa shi ne, ɗan ƙanena da ke karatun injiniya a birnin Newcastle ya je ziyara wani tsohon gida mai suna Cragside tare da abokan karatunsa, ya turo mini hotuna ta WhatsApp, da ya zo hutun Babbar Salla kuma ya kawo mini ɗan littafin da ake sayar wa baƙi a wurin. Muna zaune a kan dakali bayan la'asar yana nuna mini hotunan ɗaya bayan ɗaya, sai ya ce, "Baffa, ka san gidan nan tun zamanin Sarauniya Biktoriya yake, amma ko ƙofa ɗaya ba ta karye ba?" Na ɗaga kai, idona ya sauka a kan soron da muke kira Soron Madugu, wanda tsagar da ke bangonsa na gabas ta kai a zura hannu har gwiwa. Na yi lissafi a zuci, na ga cewa lokacin da ake fasa duwatsun wancan gida a Ingila, a lokacin ne ake kwaɓa ƙasar wannan a nan.

Sarauniya Biktoriya ta hau gadon sarautar Ingila a 1837, ta rasu a 1901, kuma a cikin waɗannan shekaru ne masana'antu suka yi wa ƙasar arziki irin wanda ba ta taɓa gani ba. Mai gidan Cragside, William Armstrong, yana cikin waɗanda suka fi kowa cin moriyar wannan zamani. An haife shi a Newcastle a 1810, ya fara rayuwa a matsayin lauya, amma zuciyarsa tana wajen ƙere-ƙere, har ya ƙirƙiro injin ɗaga kaya a tashar jiragen ruwa wanda ke aiki da ƙarfin ruwa, ya kafa masana'anta a Elswick a 1847. Daga baya ya shiga ƙera manyan bindigogi da jiragen ruwa na yaƙi, kuma daga nan ne mafi yawan dukiyarsa ta fito. A 1863 ya sayi wani gefen tsauni kusa da garin Rothbury a lardin Northumberland, inda ya saba zuwa tun yana yaro, wuri ne na duwatsu da ciyayi wanda ko makiyayi ba zai yi kwaɗayinsa ba, ya gina ɗan madaidaicin gida na hutu. Sunan gidan ma daga wurin ya samo asali, domin ma'anarsa gefen dutse.

A 1869 ya ɗauko wani mai zanen gine-gine, Richard Norman Shaw, ya ba shi aikin faɗaɗa gidan, aka shafe kimanin shekara 15 ana ƙara masa sashe bayan sashe. Wannan ne ya sa wanda ya kalli hotonsa daga ƙasan kwari zai ɗauka unguwa guda ce ta manne a jikin tsauni, domin babu ɓangare biyu da suke daidai da juna: nan hasumiya, can rufi mai tsini, can kuma dogayen bututan hayaƙi sun yi cirko-cirko, wani ɗakin yana sama da wani gwargwadon yadda dutsen ya ba da dama. Da dutsen wurin aka yi ginin, don haka launin bangon da na tsaunin suka zama ɗaya. Rufin yana da gangara ƙwarai saboda ƙasar ruwa ce da ƙanƙara, kamar yadda mu kuma rufin soronmu yake shimfiɗe saboda watanni bakwai ko takwas muke yi babu ɗigon ruwa. Amma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne adon da aka yi wa saman gidan, inda aka jera baƙaƙen katakai a kan farin shafe, wanda salo ne na gidajen Ingila na shekara 300 kafin lokacin. Wato mutumin da ya fi kowa sanin sabuwar fasaha a zamaninsa, wanda yake da kuɗin da zai gina duk irin abin da ya ga dama, shi ne ya zaɓi ya sa wa gidansa rigar kakanninsa. Mu kuwa a nan, da zarar mutum ya sami abin hannu, aikinsa na farko shi ne ya sa a sare zankwayen gidan ubansa, a kifa kwano, don kada a ce masa ɗan ƙauye.

Cikin gidan kuma wata duniya ce. Armstrong ya datse rafukan da ke kan tsaunin ya yi tafkuna biyar, ya riƙa sako ruwan ta bututu daga sama, nauyin ruwan yana juya injuna. A 1878 ya kunna fitilar lantarki a zauren da yake ajiye zane-zane, a 1880 kuma ya sa ƙwayayen fitila irin waɗanda abokinsa Joseph Swan ya ƙirƙiro, kuma da haka Cragside ya zama gida na farko a duniya da aka haskaka da lantarkin da ruwa ya samar. A ɗakin karatunsa, tsofaffin fitilun mai aka gyara aka ɗora musu ƙwan lantarki, ba a jefar da su ba. Ruwan nan dai shi ke ɗaga akwatin hawa bene wanda barori ke amfani da shi wajen kai gawayin kwal ɗakunan sama, shi ke juya ƙarfen gasa nama a madafa, ga kuma ɗakin wankan tururi da bututan ɗumama ɗakuna. Mutumin nan ya yi gargaɗi tun 1863 cewa kwal ɗin Ingila zai ƙare cikin kimanin shekara 200, ya kuma yi magana a kan amfani da ƙarfin ruwa da na rana. Da ɗan ƙanen nawa ya karanta mini wannan wuri sai muka yi dariya, domin a daren ma da fitilar waya muke duba littafin, alhali madatsar ruwa ta Tiga tana nan a jiharmu, rana kuwa sai dai mu ba wani. A kewayen gidan kuma, shi da matarsa Margaret sun sa an dasa itatuwa da tsirrai kimanin miliyan 7, har tsaunin da yake fayau ya koma kurmi.

Ba na so mai karatu ya ɗauka yabon Turawa na zo yi. Gidan nan, ban da kasancewarsa wurin kwana, tarko ne na ciniki, domin a nan Armstrong yake saukar da manyan baƙi masu sha'awar sayen makamansa, cikinsu har da Sarkin Farisa da Sarkin Siyam, ƙasar da ake kira Tailan yanzu. A 1884 Yariman Wales, wanda daga baya ya zama Sarki Edward na 7, ya sauka a gidan da iyalinsa, kuma a daidai wannan lokaci ne aka kammala babban falon da ke da murhun marmara mai nauyin tan 10, wanda saboda nauyinsa sai da aka ɗora shi a kan dutsen tsaunin kansa. Armstrong ya rasu a gidan a watan Disamba 1900. Shekara biyu da 'yan makonni bayan haka, ranar 3 ga Fabrairu 1903, sojojin Ingila suka shiga birnin Kano, kuma kowa ya san fifikon makami ne ya ba su wannan dama. Duk wanda ya kalli marmaran nan ya kamata ya tuna da irin kasuwar da ta biya kuɗinsa. Masu kula da gidan a yau ma, kamar yadda yaron ya shaida mini, ba su ɓoye wa baƙi wannan ɓangare na tarihin ba.

Inda labarin ya fi shafar mu shi ne abin da ya faru bayan mutuwar mai gidan. Armstrong bai bar ɗa ba, sai wani jikan 'yar'uwarsa ya gaje shi, wanda cikin 'yan shekaru ya yi asarar dukiya mai yawa a harkokin da ba su yi albarka ba, har a 1910 aka yi gwanjon mafi kyawun zane-zanen da ke gidan. Daga nan gidan ya yi ta ja da baya, iyalin suka takure a wani ɓangare, sanyi da laima suka kama sauran. A farkon shekarun 1970 harajin gado mai nauyi ya hau kan magada, har aka fara tunanin yanka filin a sayar. Abin da ya cece shi shi ne wata ƙungiya mai suna National Trust, wadda aka kafa tun 1895 domin riƙon amanar tsofaffin gidaje da filaye a madadin jama'a, kuma mambobinta miliyoyi ne masu biyan kuɗi duk shekara. Ta karɓi gidan a 1977, ta gyara, ta buɗe shi ga masu ziyara a 1979, a 2014 kuma aka sake kafa injin ruwa don fitilun gidan su koma cin wutar rafi kamar da. Ashe shi ma gidan dutsen ya leƙa kabari ya dawo, kuma ba taurin dutse ne ya dawo da shi ba.

To, bari in dawo gida. Soron Madugu, kamar yadda muka ji daga iyayenmu su kuma daga nasu, wani madugun fatake ne ya gina shi a zamanin Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi, wanda ya yi sarauta daga 1855 zuwa 1883. Fataucin Gwanja yake yi, ya tafi da kanwa da turkuɗi da fatu a kan jakuna, ya dawo da goro daga kasuwar Salaga, tafiyar da takan ci watanni, wani lokaci shekara. Da ribar goron ya kira magina daga birni. Zauren farko na baƙi ne da masu jiran ayari, daga shi sai shigifa, sannan babban soron da yake ganawa da abokan ciniki, kuma shi ne abin kallo. Azara guda ba ta iya haye faffaɗan ɗaki ta ɗauki nauyin ƙasa, saboda haka magina suka riƙa ɗora guntayen azarar giginya, kowace ta ɗan zarce ta ƙarƙashinta, suna ɗaurewa suna lulluɓewa da ƙasa, har bakan gizo huɗu suka taso daga bango suka haɗu a tsakiya cikin ɗaurin guga. A daidai mahaɗar an manna wata tasa wadda har yau tana ƙyalli idan hasken hantsi ya shigo ta 'yar tagar sama. Kaurin bangon daga ƙasa ya fi kamu biyu, yana sirancewa yayin da yake hawa, kuma akwai alkuki a kowace kusurwa inda har yanzu ake ganin baƙin hayaƙin fitilar man gyaɗa. A watan Afrilu, lokacin da ɗakin bulo da kwano yake zama tanda, mutum yakan shiga soron nan ya ji kamar an yayyafa masa ruwan randa. A nan na yi karatun allo, a nan aka ɗaura auren mahaifina, a nan dattawa suke raba gardamar iyakar gona.

Yau jemagu ne masu soron. Indararo biyu na gabas sun faɗi tun shekara huɗu da suka wuce, ruwan rufi ya koma bin jikin bango, ya wanke makubar, ya ci yaɓen, har tubalan suka fito fili kamar haƙarƙarin tsohuwar saniya. Zanko ɗaya ya rage cikin shida. Wani daga cikin jikokin, da kyakkyawar niyya, ya sa aka shafe gefen ƙofa da siminti, bai san cewa siminti ba ya auren ƙasa ba: ruwa yakan shiga ta bayansa ya rasa hanyar fita, ƙasar ta jiƙe a ɓoye, wata rana ɓawon ya ɓalle gaba ɗaya ya tafi da rabin bangon. Haka kuwa aka yi a daminar bara, dagin da ke saman ƙofar ya tafi tare da shi.

Na je wurin tsohon maginin da ya rage mana, wanda mahaifinsa ne yake yi wa soron yaɓe duk kaka a lokacin ƙuruciyarmu. Ya zagaya ginin da sandarsa yana ƙwanƙwasa bango yana kasa kunne, ya tsuguna ya duba gindin, ya shiga ciki ya daɗe yana kallon ɗaurin gugar. Da ya fito sai ya ce, "Malam, ƙashin ginin nan lafiya lau yake, gara ba ta taɓa azarar ba, fata ce kawai ta lalace. A ba ni jar ƙasa da ciyawa da ɓawon ɗorawa da yara shida, kafin ruwan fari in mayar maka da shi ango." Na tambaye shi ko akwai wanda ya koya wa wannan aiki, sai ya yi murmushi ya ce 'ya'yansa duka bulo suke bugawa, kuma ko shi kansa rabon da wani ya kira shi ya haɗa laso, wato simintin gargajiya da ake yi da katsin karofi, ya manta, tun da karofin garin ya mutu aka daina samun katsi. Kuɗin da ya yanka bai kai na ƙaramin babur ba.

Me ya hana, ke nan? Gado ne ya hana. Magadan Madugu a yau sun fi 40, wasu a Kano, wasu a Legas, wasu ko hanyar garin ba su sani ba. An raba cikin gida tun tuni, kowa ya ja katangarsa, amma soron ya zauna a matsayin na kowa, kuma abin da yake na kowa babu mai ɗaukar masa ko kwandon ƙasa. Wanda ya ce zai gyara, sai a fara raɗe-raɗin yana so ya mallake. Wanda ya yi shiru, a ce ba ya kishin gidan. Akwai kuma masu jiran ya faɗi da kansa don a auna filin a yi shaguna, tun da yana bakin hanyar kasuwa. Ba na zargin shari'ar gado, domin Allah ne ya raba, kuma babu mai ja. Abin da nake cewa shi ne addinin da ya kawo rabon gado shi ne kuma ya kawo wakafi, inda ake tsayar da asalin dukiya, ba a sayarwa ba a gada, amfaninta yana gudana ga jama'a. Abin da Turawan Ingila suka kafa wa ƙungiya a 1895, mu muna da shi a littattafan fiƙihu da ke cikin gafakar kowane malamin zaure, sai dai mun taƙaita shi ga masallaci da maƙabarta da rijiya.

Wani zai ce ginin ƙasa ba a yi shi don ya daɗe ba, kwatanta shi da na dutse zalunci ne. Amsa ita ce Gidan Makama yana nan a birni an mayar da shi gidan tarihi, Gidan Ɗan Hausa yana nan a Nasarawa, gidan Madaki na Kafin Madaki a Jihar Bauchi, wanda ake danganta gininsa ga Babban Gwani Muhammadu Durugu, yana cikin jerin kayan tarihi na ƙasa tun kafin samun 'yancin kai. Dukkansu ƙasa ce da azara, abin da ya tsayar da su shi ne akwai wanda aka ɗora wa alhakin duba su. Na kuma yarda cewa tsohon gini ba abin wasa ba ne, domin ba mu manta da abin da ya faru a watan Agusta 2023 ba, lokacin da wani sashe na babban masallacin Juma'a na Zariya, wanda shi Babban Gwanin ya gina a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, ya rufta a kan masallata aka rasa rayuka, Allah ya jiƙansu. Wannan ma wani dalili ne da ya sa ba na iya yin shiru, domin har yanzu yaran unguwarmu suna shiga Soron Madugu wasan ɓuya, kuma almajirai suna fakewa a zauren idan hadari ya taso. Ko dai a gyara shi, ko a rufe ƙofarsa. Barinsa a haka shi ne mafi munin zaɓi.

Roƙona ga magada, waɗanda da yawansu ɗalibaina ne kuma na san suna karanta wannan jarida, shi ne su zauna a gaban dagaci da limamin gari su fitar da soron da zaurensa daga cikin abin rabo, su rubuta shi wakafi, a naɗa mutum uku masu kula da shi, a ware kuɗin hayar shago ɗaya daga cikin na gidan don yaɓen kowace shekara. Ana iya mayar da makarantar dare cikinsa, domin ginin ƙasa da ake shiga ana fita ba ya mutuwa da wuri, mai shara ne yake fara ganin tsaga. Roƙona ga masarautu da hukumomin tarihi da al'adu na Kano da Jigawa kuma shi ne su sa hakimai da dagatai su ƙidaya irin waɗannan soraye da suka rage a ƙasashensu, a rubuta wanda ya gina da zamanin da aka gina, a ɗauki hotonsu ciki da waje, tun da sauran tsofaffin da za su iya ba da labari. Sassan koyar da zanen gine-gine na jami'o'inmu su ma su turo ɗalibai su auna bakan gizon nan, su zauna da maginin nan namu su rubuta yadda ake jiƙa makuba da kwana nawa ƙasa take yi tana ruɓa kafin a murza tubali, domin ya haura shekara 80 kuma idonsa ya fara rauni.

Kai kuma, ya Edita, idan kana da wakili a wannan yanki, ina roƙon ka turo shi da kyamara kafin watan Mayu. Ya zo da hantsi, lokacin da haske yake bugun tasar da ke tsakiyar rufin. Ni zan raka shi, maginin ma ya ce zai zo da sandarsa.

Wassalam.

Naka,
Tsohon malamin firamare,
daga ƙasar Garko, Jihar Kano.